Rubutu A Bangon Jama'a: Ɓarna Ce Ko Fasaha?

Da safiyar ranar Talata 19 ga watan Nuwamba na shekarar 2013, mazauna wata unguwa da ake kira Long Island City, a cikin birnin Niyu Yok na ƙasar Amurka, suka wayi gari suka tarar wani katafaren gini da suka saba gani lulluɓe da zane-zane masu launi iri-iri ya koma fari fat. Cikin dare ne aka kawo ma'aikata da fenti, aka shafe aikin da ɗaruruwan masu zane suka yi shekara da shekaru suna yi. Wanda ya ba da wannan umurni kuwa shi ne mai ginin da kansa, wani attajiri mai suna Jerry Wolkoff, wanda ya ƙudura rushe wurin domin ya gina dogayen benaye na haya.

Duk wanda ya ji labarin a karon farko cewa zai yi ai mutum da kayansa ne, ba mai hana shi ya shafa wa bangonsa farar ƙasa. To, amma a watan Fabrairu na 1918 da shekara ɗari, watau 2018, wani alƙalin kotun tarayya mai suna Frederic Block ya yanke hukunci cewa attajirin ya biya masu zane 21 diyyar dala miliyan 6 da dubu 750, saboda zane 45 da ya lalata musu. Kotun ɗaukaka ƙara ta tabbatar da hukuncin a 2020, Kotun Ƙoli kuma ta ƙi sauraren maganar.

Abin mamakin shi ne, a cikin wannan birni ne hukuma ta yi kusan shekara ashirin tana farautar yara masu rubutu a jikin jiragen ƙasa da karnuka da 'yan sanda, har aka yi asarar rai. Yaya aka yi abin da jiya ake ɗaure mutum a kansa ya zama dukiyar da kotu ke karewa? Tarihin wannan birni ya isa abin nazari ga ma'aikacin da aka danƙa wa amanar ginin gwamnati, da kuma ɗalibin da hannunsa ke ƙaiƙayi duk lokacin da ya ga farin bango.

TSOHUWAR ƊABI'A

Rubutu a bango ba baƙon abu ba ne a tarihin 'yan Adam. A shekara ta 79 bayan haihuwar Annabi Isa, alaihissalamu, dutsen Vesuvius na ƙasar Italiya ya yi aman wuta ya binne birnin Pompeii da toka. Sa'ad da masu binciken tarihi suka tono birnin, sun sami dubban rubuce-rubuce a bangayensa. Akwai na masu neman a zaɓi ɗan takararsu, da na masoya, da na masu zagin abokan gaba, da na waɗanda suka rubuta sunansu kurum don a san sun bi ta wurin. A yau waɗannan rubuce-rubuce suna cikin manyan hanyoyin da ake sanin yadda talakawan daular Rum suke magana, domin littattafan zamanin na manya ne. Kalmar girafiti ma, wadda duniya ke kiran wannan aiki da ita, daga harshen Italiya ta fito, ma'anarta abin da aka karta.

Ita kuwa kalmar da Turawa ke kiran ɓarnar kayan jama'a da ita, an samo ta ne daga sunan wata ƙabila, Vandal, wadda ta washe birnin Rum a shekara ta 455. Wani limamin Kirista Bafaranshe, Henri Grégoire, shi ya yayata kalmar a 1794, lokacin juyin juya halin Faransa, don ya la'anci masu farfasa kayan tarihi. Ke nan tun asali kalmar ta zargi ce, kuma wanda ya fi ƙarfi a gari shi ke zaɓen wanda za a liƙa wa ita.

YARON LAYI NA 183

A ƙarshen shekarun 1960 yara a biranen Filadelfiya da Niyu Yok suka fara wata sabuwar al'ada ta rubuta laƙabinsu a duk inda suka bi. A Niyu Yok sukan haɗa laƙabin da lambar layin da suke zaune. Wanda ya fi yin suna a cikinsu wani saurayi ne ɗan asalin Girka, mai shekara 17, mazaunin layi na 183 a arewacin tsibirin Manhattan. Aikin masinja yake yi, saboda haka kullum yana cikin jirgin ƙasa na ƙarƙashin ƙasa yana kai saƙo ko'ina cikin birni, kuma duk tashar da ya sauka sai ya zaro alƙalami mai kaurin baki ya rubuta TAKI 183.

A watan Yuli na 1971 jaridar New York Times ta buga labarinsa. A cikin labarin hukumar jiragen ta ce a shekara guda ta kashe wajen dala dubu 300 wurin goge irin wannan rubutu. Shi kuwa yaron ya mai da martani da tambaya: don me ake bin ƙaramin mutum, a bar 'yan siyasa waɗanda ke cika tashoshi da takardun yaƙin neman zaɓe? Har yau ba a ba wannan tambaya amsa mai gamsarwa ba, a Amurka ko a wani wuri.

Labarin jaridar ya zama tamkar an zuba wa wuta kananzir. Yara dubbai suka gane cewa da alƙalami ɗaya ɗan talaka zai iya sa birni duka ya san da zamansa. Daga alƙalami aka koma gwangwanin fenti mai feshi, daga 'yan ƙananan haruffa aka koma manya masu launi da inuwa, har aka kai ga zane tarago sukutum daga sama har ƙasa. Cikin dare suke satar shiga ma'ajiyar jirage, su yi aiki cikin duhu kusa da layin ƙarfe mai ɗauke da lantarki wajen bolt 600, fentin kuma yawanci na sata ne daga kantuna. Burin kowa shi ne da safe ya tsaya a kan gada ya ga sunansa ya ratsa birni daga wannan ƙarshe zuwa wancan.

Wajibi ne a tuna da halin da birnin yake ciki a lokacin. A 1975 saura kaɗan gwamnatin birnin ta tsiyace, aka sallami dubban ma'aikata, aka rage kuɗin makarantu da wuraren wasan yara. A unguwar Bronx gobara ta cinye gidaje ba adadi. Yawancin yaran da ke wannan rubutu daga irin waɗannan unguwanni suka fito, baƙaƙen fata da 'yan asalin Puerto Rico da kuma 'ya'yan talakawan Turawa.

Wani abin lura kuma shi ne, yaran da suka ƙi bin dokar hukuma suna da tasu dokar mai tsanani. Babban laifi ne a wurinsu mutum ya yi rubutu a kan aikin wani, abin yakan kai ga faɗa. Sabon shiga wanda hannunsa bai faɗa ba akan kira shi da wani suna na raini mai ma'anar abin wasan yara, wanda kuwa sunansa ya fi yawa a wani layin jirgi sai a ce da shi sarki. Ashe su ma sun san zafin a ɓata wa mutum aikinsa, sai dai ba su ɗauki tarago a matsayin aikin kowa ba.

YAƘIN HUKUMA

A 1972 magajin garin, John Lindsay, ya ɗaura yaƙi da wannan al'ada, majalisar birni kuma ta kafa dokar hana shiga wuraren gwamnati da buɗaɗɗen gwangwanin fenti. A cikin wannan shekara ce kuma wani ɗalibin jami'a mai nazarin zaman jama'a, Hugo Martinez, ya tara waɗansu daga cikin yaran ya kafa musu ƙungiya, ya sa su zane a kan ƙyalle ana nunawa ana sayarwa. Shahararren marubucin nan Norman Mailer ma ya yi rubutu a 1974 yana yaba musu. Tun daga lokacin birnin ya rabu biyu.

Masu yabo dai galibi a motocinsu suke zuwa aiki. Leburori da masu shara da ma'aikatan asibiti da ke shiga jirgin kullum safe da yamma, su suka san abin da ke cikin tarago. A waje akan sami zane mai ban sha'awa, amma a ciki baƙin rubutu ne bisa baƙin rubutu, ya rufe taga, ya rufe taswirar da baƙo zai duba ya san tashar da zai sauka. A 1979 wani malamin jami'ar Harvard, Nathan Glazer, ya bayyana abin da mutane da yawa ke ji a rai. Ya ce duk wanda ya shiga irin wannan tarago yakan ɗauka cewa ba mai iko da wurin, kuma idan hukuma ta kasa hana yaro rubutu, ta yaya za ta hana ɗan fashi?

Hukumar ta gwada dabaru da dama. A 1977 ta kafa wurin wanke taragai da ruwan magani mai ƙarfi, amma maganin bai cika fid da fentin duka ba, sai ya bar jirage da wani launi mai dauɗa wanda ya fi na da muni. A 1981 magajin gari Ed Koch ya sa aka kewaye wata ma'ajiyar jirage da waya mai reza, aka saki karnuka suna gadi. A 1985 aka hana sayar wa duk wanda bai kai shekara 18 ba fentin feshi, aka kuma tilasta wa masu kantuna su riƙa kulle shi.

Abin da ya yi magani daga bisani ya fi duk waɗannan sauƙi. A 1984 aka naɗa David Gunn shugaban hukumar jiragen. Shi ya lura cewa ladan yaran ɗaya ne, watau a ga aikinsu yana yawo. Sai ya kafa ƙa'ida: ana ɗaukar jirage layi-layi a wanke su sarai, kuma duk taragon da aka wanke, in aka sake yi masa rubutu, ba zai fita aiki ba sai an goge, ko da kuwa lokacin cunkoson ma'aikata ne. Yaro ya kwana yana zane, gari na wayewa a goge kafin kowa ya gani. Sannu a hankali gwiwarsu ta yi sanyi. Ranar 12 ga Mayu, 1989, hukumar ta ba da sanarwar cewa taragai fiye da 6,000 da take da su duka sun tsarkaka. Himmar gyara ta shekara biyar ta yi abin da karnuka da kurkuku suka kasa.

RAN DA AKA RASA

Yaƙin bai ƙare ba sai da ya bar tabo. Cikin daren 15 ga Satumba, 1983, 'yan sandan jiragen ƙasa suka kama wani saurayi baƙar fata mai shekara 25, Michael Stewart, a wata tasha bisa zargin yana rubutu a bango. Sa'ad da aka kai shi asibiti a ɗaure yake, jikinsa da raunuka, kuma a sume. Bai farfaɗo ba har ya rasu bayan kwana 13. An gurfanar da 'yan sanda shida gaban kotu, dukansu Turawa, amma a watan Nuwamba na 1985 masu taya alƙali yanke hukunci, waɗanda su ma duka Turawa ne, suka sallame su. Daga baya, a 1990, hukuma ta yarda ta biya iyalinsa diyyar dala miliyan 1 da dubu 700.

Ko da an ɗauka cewa saurayin ya aikata abin da aka zarge shi, laifin nasa tsumma da ruwan magani sun isa su kawar da shi cikin minti kaɗan. Wannan lamari ya sa mutane da yawa waɗanda ba su ƙaunar rubutun bango suka soma tambayar ko hukunci bai wuce laifi ba, da kuma ko launin fatar mai laifin ba ya cikin abin da ke auna nauyin hannun hukuma.

SAI BANGO YA TSAGE

Hausawa na cewa sai bango ya tsage ƙadangare ke samun wurin shiga. Kusan wannan ma'ana ce waɗansu masana biyu, James Wilson da George Kelling, suka kawo a wata maƙala da suka buga a 1982. Suka ce idan aka fasa taga ɗaya a gini aka bar ta ba gyara, ba da daɗewa ba za a farfasa sauran, domin fasasshiyar taga shela ce cewa ba mai kula da wurin. Haka ƙaramar ɓarna ke share wa babba hanya.

A 2008 waɗansu masu bincike na jami'ar Groningen, a ƙasar Holan, suka gwada wannan magana. Suka sami wani lungu da mutane ke ajiye kekuna, inda akwai allon da ya hana rubutu a bango, suka rataya takardar talla a hannun kowane keke, babu kuma kwandon shara a kusa. Ranar da bangon yake da tsabta, kashi 33 cikin 100 na masu kekunan ne suka yar da takardar a ƙasa. Da aka cika bangon da rubutu, sai adadin ya tashi zuwa kashi 69. A wani gwajin kuma suka bar ambulan da ake hango takardar kuɗi ta Yuro 5 a cikinsa yana leƙowa daga akwatin gidan waya. A wuri mai tsabta kashi 13 ne suka sace, amma da aka ɓata akwatin da rubutu sai ɓarayin suka kai kashi 27. Ma'ana, mutum yakan dubi abin da waɗansu suka yi kafin ya yanke abin da shi zai yi, kuma ganin an karya doka ɗaya yakan rage masa kunyar karya wata.

Sai dai fa yadda aka yi amfani da wannan ra'ayi a Niyu Yok ya jawo ƙorafi mai yawa. Daga shekarun 1990 'yan sanda suka duƙufa kan ƙananan laifuffuka, daga baya kuma al'adar tsai da samari a hanya ana laluba jikinsu ta yawaita, mafi yawansu baƙaƙe da 'yan asalin Latin Amurka. A 2013 wata alƙaliyar tarayya, Shira Scheindlin, ta yanke cewa yadda ake wannan laluba ya saɓa wa tsarin mulkin ƙasar. Masu suka sun kuma nuna cewa manyan laifuffuka sun ragu a birane da yawa na Amurka a waɗannan shekaru, har da waɗanda ba su bi wannan hanya ba. Gwajin Holan ya nuna amfanin gyara wuri, bai ce a cika kurkuku da yara ba.

DAGA TITI ZUWA GWANJO

A daidai lokacin da ake wannan farauta, waɗansu daga cikin masu rubutun bango suna hawa matakin ɗaukaka. Jean-Michel Basquiat, wanda mahaifinsa mutumin Haiti ne, ya fara ne a ƙarshen shekarun 1970 da rubuta gajerun maganganu a bangayen Manhattan shi da wani abokinsa, suna sa hannu da laƙabin SAMO. Mutuwar Michael Stewart ta girgiza shi ƙwarai, har ya yi zane a kanta. Ya rasu a 1988 yana da shekara 27. A watan Mayu na 2017 aka yi gwanjon wani zanensa na 1982, wani attajiri ɗan Japan ya saya a kan dala miliyan 110 da rabi.

Abokinsa Keith Haring shi kuwa da farin alli yake zane a kan baƙar takardar da ake rufe allunan talla da ita a tashoshin jirgi, an kuma kama shi ba sau ɗaya ba. A 1986, lokacin da wata muguwar ƙwaya da ake kira kirak ke hallaka samari, ya je wani filin wasa a unguwar Harlem ya yi babban zane na gargaɗi a kan ƙwayar, ba tare da izinin kowa ba. Aka kama shi, aka ci shi tara 'yar kaɗan. Bayan da aka ɓata zanen aka shafe shi, sai ita kanta hukumar kula da filayen wasa ta birnin ta roƙe shi ya sake yi. Daga nan zanen ya shiga hannun hukuma tana kula da shi, an ma sabunta shi a 2019. Hannu ɗaya, bango ɗaya, saƙo ɗaya, abin da ya sauya kurum shi ne takardar izini.

HUJJAR ALƘALI

A nan ne hukuncin da aka ambata a farko zai fito fili. Ginin na Long Island City, wanda aka fi sani da 5Pointz, tsohuwar masana'anta ce. Tun shekarun 1990 mai shi ya yarje wa masu zane su yi aiki a bangonsa, daga 2002 kuma aka sami mai tsara wurin, yana raba wa kowa inda zai yi nasa. Wurin ya yi suna har masu yawon buɗe ido daga ƙasashe suna zuwa kallo.

Amurka na da wata doka ta 1990 wadda ke kare aikin mai zane idan aikin ya sami karɓuwa a wurin masana da jama'a, ko da bangon na wani ne. Dokar ba ta hana mai gini rushe gininsa ba, kuma kotu ba ta hana Wolkoff ba. Abin da ta tanada shi ne a ba masu zane sanarwar kwana 90 domin su cire abin da zai ciru. Attajirin bai jira ba, ya shafe cikin dare, alhali bai rushe ginin ba sai a shekara mai zuwa. Alƙali ya ga da gangan ya yi, shi ya sa ya ɗora masa iyakar abin da doka ta yarda, dala dubu 150 a kan kowane zane.

Dokar jihar Niyu Yok dai ta ɗauki yin rubutu ko zane a kan dukiyar wani ba tare da izininsa ba a matsayin laifi wanda kan iya kai mutum ɗaurin kusan shekara guda. Ba ruwan dokar da kyan zane ko muninsa. Izini shi ne iyakar da ta shata.

INDA IZINI BAI ISA MA'AUNI BA

Duk da haka, akwai inda wannan ma'auni ke gazawa. A ƙasar Singafo, a 1994, an yanke wa wani saurayi Ba'amurke, Michael Fay, ɗaurin wata huɗu da bulala shida saboda laifuffukan da suka haɗa da fesa wa motocin mutane fenti. Bayan roƙon Shugaba Bill Clinton aka rage bulalar zuwa huɗu. Wannan ɓarna ce tsagwaronta, gardamar da aka yi a kan nauyin hukuncin ne kawai.

A garin Dara'a na ƙasar Siriya kuwa, a farkon 2011, waɗansu 'yan makaranta suka rubuta kalaman adawa da gwamnati a bangon makaranta. Jami'an tsaro suka kama su suka azabtar da su, iyaye da dangi suka fito zanga-zanga, aka buɗe musu wuta. Wannan na cikin abubuwan da suka kunna yaƙin da ya ci rayuka ɗaruruwan dubbai, har gwamnatin Bashar Assad ta faɗi a watan Disamba na 2024. Waɗannan yara ba su da izini, kuma babu ofishin da za su je su samo shi. Inda aka rufe jarida da rediyo da majalisa, bango kaɗai ke rage wa mai magana. Yawan rubutun ƙorafi a bangayen gari alama ce da ya kamata mai mulki ya karanta kafin ya aika a goge.

TUN RAN GINI, TUN RAN ZANE

Ƙasar Hausa ba baƙuwar adon bango ba ce. Wanda ya zaga cikin birnin Zariya ko Kano ko tsofaffin unguwannin Damagaram zai ga fuskokin gidaje da zauruka da aka yi wa zane tun laka tana ɗanya, da dagi da sauran sarƙaƙƙun siffofi, a ƙarni na 20 kuma magina suka ƙara da hoton keke da agogo da jirgin sama. Babban Gwani Muhammadu Durugu, wanda ya gina masallacin Juma'a na Zariya a zamanin Sarkin Zazzau Abdulkarimu a ƙarni na 19, har yau ana zuwa daga nesa kallon aikin hannunsa. A wannan al'ada ba a taɓa samun rikici tsakanin mai zane da mai bango ba, domin maigida ne ke kiran magini, ya biya shi, zanen kuma ya zama shaidar arziki da martabar gidan.

Rikicin ya zo ne tare da bangon da ba a san mai shi ba. Katangar makaranta, da ta asibiti, da gadar sama, da bayan gidan ɗakin kwanan ɗalibai, su ne ake cikawa da gawayi da alli da fenti: sunayen 'yan ajin ƙarshe, da tallan masu magani, da lambobin waya, da zage-zage. Lokacin zaɓe kuwa hotunan 'yan takara da sunayen jam'iyyu sukan rufe har allunan da ke nuna wa matafiyi hanya, a gama zaɓe a bar su rana da ruwa su ci. Yaron da ba zai kuskura ya karta ƙusa a zauren mahaifinsa ba, shi ne zai cika bangon ajinsu da rubutu, saboda an tashe shi a kan cewa kayan gwamnati ba na kowa ba ne. Alhali kuwa kuɗin fentin da za a sake shafawa daga cikin kason littattafai da magani zai fito. Tambayar da yaron layi na 183 ya yi ita ma tana nan: da wane baki babba zai tsawata wa ɗalibi, in shi ne ya ba da kwangilar liƙa hotonsa a katangar makarantar?

ABIN LURA

Daga tarihin Niyu Yok ana iya fid da 'yan tambayoyi da za su taimaka wajen rarrabe ɓarna da fasaha. Na wane ne bangon, kuma ya yarda? Wa zai biya kuɗin gogewa? Abin da aka rubuta ya ci mutuncin wani, ko ya rufe abin da jama'a ke bukata kamar allon hanya? Mai rubutun yana da wata kafa ta faɗin abin da ke ransa? Idan kuma laifi ne, hukuncin ya yi daidai da girmansa?

Ga shugaban makaranta ko jami'in ƙaramar hukuma, darasin David Gunn ya fi araha: a goge rubutu tun yana ɗaya, a gyara abin da ya lalace tun bai yaɗu ba, a kuma fara da manya wajen aiki da dokar liƙe-liƙe. Darasin filin wasan Harlem shi ma yana da amfani. Idan aka keɓe wa ɗalibai wani bango, aka ba su fenti da malamin da zai duba, sau da yawa yaron da ake kora saboda ɓata bayan gida shi ne zai zana wa makarantar taswirar Afirka da za a yi alfahari da ita. Ga ɗalibi kuwa, ya isa ya tuna cewa ko sarakunan taragai na Niyu Yok ba su yafe wa wanda ya yi rubutu a kan aikinsu ba, magini da mai fenti su ma aiki suka yi.

A wurin da tsohuwar masana'antar nan take, an gina dogayen benaye biyu na haya. Masu ginin sun raɗa musu sunan 5Pointz, sun kuma ƙawata cikinsu da zane-zane irin na titi domin jawo masu haya.